Burodi Mai Jan Dutse

Ku masu zane da kwamfuta, ku matso ku ji. Na manta abubuwa da yawa, har da inda na ajiye tabarau yau da safe, amma ban manta ranar da Alhaji Tanko mai gidan burodi ya shigo shagonmu fuska a murtuke ba.

Lokacin ne aka ɗauke wa garinmu sunansa na Abuja aka ba sabon birnin tarayya, mu aka ce mu zama Suleja. Ina aiki a ƙarƙashin Malam Isyaku Mai Zane, wanda ya koyo sana'ar a Zariya. Muƙamina babba ne: ni ke dama fenti, ni ke yanke haruffa a kwali a ɗora kan allo a shafe. Ilimina aji huɗu, kuma ni na sallami makarantar, ba ita ta sallame ni ba.

Malam ne ya yi wa Alhaji tambari tun farko: Dutsen Zuma da jan fenti, a ƙarƙashinsa "Burodin Abuja" da haruffa masu ƙiba, kamar su suka cinye burodin. To, yanzu suna ya tashi. Alhaji ya ce tunda canji ya zo, a canja komai. Jirgin sama yake so, da shuɗin launi, da siraran haruffa irin na kantunan Kaduna. Malam ya ce shi kalma ɗaya zai taɓa. Alhaji ya ce in haka ne zai kai aikin Kaduna. Shi ne kuwa babban mai ba mu aiki. In ya tafi, sauran 'yan kasuwa su bi shi, mu rufe shago, in koma noman doya, alhali ni da fartanya ko gaisawa ba ma yi.

Ƙa'idar Malam ita ce ba a gwada zane a shago, sai a titi. Ya roƙi alfarma, ya zana takardar naɗe burodi iri biyu, mai jirgi da mai dutse, duka da sabon suna, kuma bai ha'inci jirgin ba. Muka naɗe, muka shiga motar Alhaji sai garin Madalla, wurin Iya Ladi, wadda ke saro burodi tana raba wa masu shayi.

Alhaji ya miƙa mata mai jirgi. Ta juya shi, ta shinshina, ta mayar masa.

"Alhaji, dillancin burodin wasu ka koma? Ba ni naka, mai jan dutse."

Ya rantse mata fulawa ɗaya ce, tanda ɗaya. Ta ce ya je ya yi wa masu shayi wannan bayanin, ita ba ta da lokaci. Ta ɗebi mai dutse ta jera a tire, ko lura ba ta yi suna ya canja ba.

Da muka shigo gari, sai Alhaji ya ce:

"Malam, bar dutsen. Jirgin kuma a ajiye mini, ko wata rana zan buɗe kamfanin jirage."

Daga nan duk mai canja allo wurinmu ya nufo. Haruffan nan masu ƙiba suka bazu, daga shagunan unguwar Chaza har jikin motocin Minna, ana ce musu hannun Isyaku. Wanda ya koya muku aiki ma a wurin Malam ya fara riƙe buroshi.

Abin da na koya ranar shi ne, mai kaya ke biyan kuɗin tambari, amma masu saye ne suka mallake shi. Kafin ku taɓa shi, ku fita titi ku tambaye su.

Jirgin Alhaji kuwa yana nan a akwatina. Har yau bai tashi ba.