Ɗigo Uku a Bayan Garma

Shekara ashirin da biyu ina sayar da shinkafa da wake a jikin maƙerar Malam Bappayo a nan Azare, kuma wallahi ban taɓa ganin mai taurin kai irinsa ba. Ni sunana Ya Gana, iyayena daga Borno suka zo. Shi kuwa uwarsa Bafulatana ce, daga danginta ya samo wannan suna. To kun san mu da Fulani, wasanmu ba ya ƙarewa. Da safe in ce masa, "Bawana, an tashi lafiya?" Ya ce, "Lafiya lau, baiwar gidanmu, zuba mini da yaji." Haka muke har furfura ta kama mu.

A Bulkachuwa aka haife shi, gidan maƙera tun kaka da kakanni. Yana ɗan shekara bakwai aka zaunar da shi gaban zugazugi. Da mahaifinsa ya rasu ya dawo Azare, ya koyi walda, don zamani ya zo da ƙofofin ƙarfe da tagogi. Amma wutar maƙera bai taɓa barin ta mutu ba. Ƙofa, in ji shi, abin cin abinci ce, garma kuwa ita ce sana'a.

Gidansu suna da alama. Duk garmar da ta fito daga hannunsu, in ka juya bayan ruwanta, wato faffaɗan ƙarfen da ke shiga ƙasa, za ka ga ɗigo uku a zaune kamar duwatsun murhu. Manoma daga Shira da Misau in sun zo kasuwa ba sa tambayar komai sai sun juya garma sun duba. Kuma Bappayo ba ya buga ɗigon nan sai ya gwada garmar da hannunsa. Akwai wani ɗan fili a bayan maƙerar, duk ƙasar Katagum babu gonar da ta kai shi shan huɗa, amma ko ƙwayar gero ba a taɓa shukawa a ciki ba. In garma ta kama ƙasa ta kifar da ita yadda yake so, ya buga mata ɗigo. In ta yi masa gardama, ta koma wuta.

Shekara uku da suka wuce aka buɗe wata sabuwar jami'a a bayan gari. Ba zan kama sunanta ba, ina da jika a ciki. Lokacin da ake gininta na kafa wata rumfar a can ina sayar wa leburori abinci, shi ya sa abin da zan faɗa da idona na gani. Suna so su kafa wani abin kallo a shataletalen da ke gaban sashen koyon aikin gona. Siffar mutum ko ta dabba ba ta taso ba, don kafin a gama fenti gari zai ɗauka an kafa gunki. Sai aka tsaya a kan garma, ƙatuwa, ta ƙarfe, wadda za a hango tun daga bakin ƙofa.

Shugaban kwamitin aikin, Dokta Zainulabideen, shi ya zo maƙera da kansa. Mutum ne mai ladabi, har ƙasa ya gaida Bappayo. Ya miƙa masa takardar zane, wai wani kamfani ne a can birni mai nisa ya zana da kwamfuta.

Bappayo ya duba takardar. Ya juya ta ƙasa, ya juya ta gefe. Ya ce, "Dokta, wannan mene ne?"

"Garma ce, Baba."

"In ji wa?"

Na leƙa ta kafaɗarsa, dariya ta kusa ƙwace mini. Ƙota ce a tsaye cak, ruwan kuma a miƙe a samanta yana kallon sama, ba lanƙwasa ko kaɗan. Ni da ban taɓa huɗa kunya ɗaya ba na san ruwan garma komowa yake ya sunkuyo wajen ƙota, kamar hannun da aka naɗe a gwiwa. Wannan sunkuyon shi ke yanka ƙasa ya kifar da ita.

Dokta ya yi bayani, wai ma'anar zanen ita ce noma ya ɗaga kai, ya dubi gaba. Bappayo ya ce, "Ni dai in garma kuke so, zan yi muku garma." Wayar Dokta tana ta ƙara, ana jiransa a wani taro. Ya miƙe yana cewa, "To Baba, kai dai ka yi mana mai kyau."

Nan fa aka rabu, kowa da abin da ya ji. A wajen Dokta, mai kyau ita ce mai kama da takarda. A wajen maƙeri, garma mai kyau ita ce mai huɗa, babu wata ma'ana bayan wannan.

Wata biyu Bappayo ya yi a kan aikin. Ya ɗauko tsohuwar garmar mahaifinsa, ya auna kowace gaɓa da igiya, ya ninka sau goma. Ya rame, idanunsa suka yi ja saboda hasken walda. In na kai masa abinci sai ya huce bai taɓa ba. Na ce, "Kai Bafillace, garmar nan aljani ne zai yi noma da ita?" Ya ce, "Ko aljanin ne, ba zai dawo mini da ita ba."

Ranar da motar ɗaga kaya ta kai ta shataletale, sai Bappayo ya ƙi a kafa. Ya ce bai gwada ba. Direba ya zaci wasa ne. Bappayo ya sa aka ɗaura sarƙa a ƙotar, aka saukar da bakin ruwan a ƙasa, ya ce direba ya ja a hankali. Jama'a, wallahi garmar nan ta nutse, ta yanko ƙasa ta kifar da ita gefe, kunya guda mai tsayin ƙugun mutum! Leburori suka ɗauki sowa, yawancinsu manoma ne da rani ya koro. Ni ban san lokacin da na rangaɗa guɗa ba. A kan wannan kunyar aka kafa ta, bakinta a cikin ƙasa. Sannan Bappayo ya zagaya bayanta ya buga ɗigo uku, kowanne kamar bakin kofi. 

Kwana biyu murna ta yi. A na uku kwamiti ya zo gani.

Dokta ya tsaya da takarda a hannu, ya dubi garma, ya dubi takarda. Ya ce, "Baba, ba haka aka zana ba."

"Ka ce in yi mai kyau."

"Mai kyau irin ta zanen nake nufi. An riga an buga hoton nan a kalanda, da allon bakin titi, da katin gayyatar bikin buɗewa. Dole a yanke wuyan a miƙar da shi."

Bappayo ya ce, "Dokta, kai ɗan wane gari ne?"

"Shira."

"Mahaifinka da me yake huɗa?"

Dokta ya mayar da ido kan takardarsa. Gaskiya na tausaya masa, don ba mugu ba ne, akwai na sama da shi, kuma kowa takarda yake kallo. Ya ce, "Baba, ba noma za a yi da ita ba, kallo ne kawai."

"To shi ya fi muni. Yaran da za ku koya wa noma, kullum su wuce su ga ƙarya a tsaye, da alamar gidanmu a bayanta? Hannuna ba zai yi ba. Ku nemi wani."

Suka nema kuwa. Suka je wajen Hammawa mai walda, wanda shekara goma ba ya ga maciji da Bappayo saboda wata tsohuwar rigima a kan rumfar kasuwa. Kowa ya ce shi kam da gudu zai yanka. Hammawa ya zo da kayan aikinsa, ya zagaya garmar sau biyu, ya tsaya a bayanta ya daɗe. Sai ya tattara kayansa ya mayar cikin Keke. Ya ce, "Mutumin nan ba na gaishe shi, gobe ma ba zan gaishe shi ba. Amma ba na sa wuta a kan ɗigo uku." Duk mai waldan da aka tuntuɓa a Azare sai ya ce injinsa ya lalace. Ban taɓa ganin injuna sun haɗa baki sun lalace a mako ɗaya ba sai lokacin.

Na yi zaton an gama, ashe da saura. Saura kwana biyar biki suka ɗauko wani mai walda daga wata jiha, bawan Allah bai san hawa ba bai san sauka ba. Ni na kai wa Bappayo labari, raina a ɓace. Na ce ya je ya kama ƙafa wajen manya, ya ƙi. Na ce to ya haƙura, ya ce haƙuri da me? Ya shiga gida ya sako babbar rigarsa ta Juma'a, alhali ranar Talata ce, ya ce in zo mu tafi.

Masu gadi suka tare shi a ƙofa. Ya ce, "Kayana na manta a ciki." Suka bar shi. Muka tarar rana ta take, ɗalibai sun taru, baƙon mai walda ya kunna wutar yanka, Dokta yana gefe. Bappayo ya yi sallama, ya ce wa baƙon, "Ɗana, ara mini wutarka." Ganin furfura da babbar riga, mutumin ya miƙa masa ba musu.

Ya naɗe hannun riga, ya zagaya bayan garmar. Tartsatsi yana zuba a kan rigar, yana huda ta, ko a jikinsa. Ya yanke ƙarfen da ke ɗauke da ɗigo ukun, faɗin faifai, ya faɗo ƙasa tim. Ya zuba masa ruwan butata, ya naɗe shi a gefen riga.

Dokta ya ce, "Haba Baba, ka huda mana ita!"

Bappayo ya ce, "Taku tana nan, ku miƙar da ita har ta taɓo gajimare. Nawa na ɗauka."

Muka fito. A cikin Keke kuka nake yi wiwi, don na san abin da wata biyun nan suka ci a jikinsa. Da muka iso ya rataye ƙarfen a ƙofar maƙera, ya cire rigar da ta ƙone, ya hura wuta.

An miƙar da ita, an toshe hujin, an shafa koren fenti, an yi biki. Har allo aka kafa mai cewa Dandalin Garma. Amma ɗaliban nan 'ya'yan manoma ne, ba a yi musu wannan. Mako bai zagayo ba suka raɗa wa wurin suna. Yau in ka je tasha za ka ji masu Keke suna kira, "Shebur! Shebur, saura mutum ɗaya!" Jikata ta ce har malamai haka suke cewa, mu haɗu a Shebur.

Bana da damina ta kusa, ina kwashe shinkafa sai ga mota ta tsaya. Dokta Zainulabideen ne, shi kaɗai. Ya gaida Bappayo har ƙasa kamar farko, ya ce tsohonsa ne a Shira ya aiko shi, garmarsa ta cinye, kuma ya ce kada a sayo ta ko'ina sai nan. Bappayo ya ɗauko guda ya miƙa masa.

Dokta ya karɓa. Kafin ya ankara, hannunsa ya juya ta, idonsa ya sauka a bayan ruwan, yadda ya ga mahaifinsa yana yi tun yana yaro. Sai ya ɗago, suka haɗa ido.

Bappayo ya ce, "Suna nan, Dokta. A kan garma nake buga su."