Ciyaman da Rijiyar da Ba Ruwa

Jiya a hanyar Tsiga na tarar ana bikin buɗe famfo, da rumfa da makaɗa, ruwan kuwa a jarkoki aka kawo shi daga Funtua. Sai Kawu ya faɗo mini a rai, ƙanin mahaifiyata, marubucin littattafan barkwanci. Ya taɓa rubuta irin wannan sak, labarin wani ciyaman da ya buɗe rijiyar da ba ruwa.

Kawu ba ya dariya idan yana karanta wa mutane rubutunsa. Yakan zauna a bencin mai shayi kusa da kamfanin gurzar auduga, hularsa duk ta yi fari da ƙurar auduga, 'yan dako suna ta kwashewa da dariya, shi kuwa fuska a ɗaure, yana kurɓar shayinsa ba madara.

A damunarsa ta ƙarshe na same shi a zaure, ƙafafu a kumbure, ko'ina warin man zafi. Ya daina rubutu tun da 'yan bindiga suka tashi ƙauyenmu.

Na ce, "Kawu, mutane fa suna jiran sabon littafi."

Ya ce, "Kai ɗan nan, ciyaman ɗin da na yi labarin a kansa har gida ya zo. Ya riƙe hannuna, ya ce bai taɓa dariya irin wannan ba. Ba a daɗe ba aka ƙara masa girma. To, me kuma zan rubuta?"



Allah Ya jiƙanka, Kawu, Ya sanyaya makwancinka. Mu da muka rage, Allah Ya sanya wa manyanmu kunya, tunda dariya ta gaza.