Ranar da Tumbina Ya Tsallake Wuƙa

A farkon shekarun dubu biyu, lokacin da kowa a Jos ya zama ɗan fim, ni ma na samu aikin riƙe sandar makirufo. Daraktarmu 'yar Bukuru ce, gajera, amma muryarta na kaiwa Bauchi. Tana haɗa fim na gaskiya a kan 'yan tauri, masu goga wuƙa a jiki ta ƙi kamawa. So take ta matso da kyamara har gaban fata, kowa ya gani da idonsa.

Muka samu wani dattijon ɗan tauri a Kwararafa. Aka saki kalangu, ya tsumu, ya yi ta gurzar wuyansa da cikinsa kamar mai feƙe fensir. Ko ƙwarzane babu.

Darakta ta leƙa ɗan allon kyamara ta yamutsa fuska. "Baba, masu kallo za su ce fatarka ce ta saba. A gwada a jikin wani."

"Abu mai sauƙi, 'yata," in ji shi. "In ba mutum magani ya sha yanzu, wuƙa ta gaishe shi ta wuce."

Duk unguwa aka juyo ana kallon tumbina, wanda a lokacin yakan riga ni shiga ɗaki da minti guda.

"Oga, naka ne zai cika allo," in ji darakta.

Na so in ce a'a, amma mata sun cika katanga, mai kalangu kuma ya fara yi mini kirari. Aka ba ni wani baƙin ruwa a ƙoƙo, mai ɗacin da har yau in na tuna sai haƙorana su yi tsami. Sanyin Jos na kaɗawa, ni kuwa gumi har cikin takalmi. Na yi kalmar shahada a zuci, na yafe wa surukata.

Dattijo ya wasa wuƙa a dutse, ya ɗaga rigata. Sai ya tsaya, ya sa yatsa a wani tsohon tabo a gefen marata.

"Wannan fa, ƙanena?"

"Tiyata ce, Baba. An yanke mini wani ɗan tsiro a hanji."

Ya mayar da wuƙa kube. "Jikin da ƙarfe ya taɓa shiga, magani ba ya rufe shi. Likita ya riga ya buɗe ƙofa. Da na ɗora, da yanzu ana kwasar kayan cikinka a faranti."

Ban taɓa son likita kamar ranar ba.

Darakta ba ta yi asara ba. Ta matso da kyamara, ta ɗauki tabon daga kowane ɓangare, dattijo na bayani da tsinin yatsa. Da fim ya fito, ba a nuna fuskata ba ko sau ɗaya, amma a kasuwar Bukuru har da masu tare ni su ce in ɗaga riga.