Baƙon da ya zo ganin tsohon masallacinmu

'Yan ajinmu na yaƙi da jahilci, yau na ga babban mutum ya zauna a turɓaya da fararen kaya.

Da hantsi ina bakin iyaka inda nake dako, sai ga wani malamin jami'a daga Nijar, mai binciken tsofaffin masallatai. Tun bara ya aiko cewa zai zo ganin na ƙauyenmu, na ƙasa, mai rufin nan na gargajiya da ake kira ɗaurin guga, wanda kakanninmu suka gina. Na shiga motarsa na nuna hanya.

Muna isa ya tsaya cak. Ga bangon bulo, ga rufin kwano, koren fenti sai sheƙi yake.

Ya ce, "Ina tsohon?"

Liman ya yi murmushi ya ce, "Allah shi gafarta Malam, baƙo kamarka zai zo, mu bari ya iske mu a ginin laka? Ai rushe shi muka yi saboda kai. Yanzu siminti ya wadata."

Malamin ya zagaya baya, muka bi shi. Can ya tarar da tulin ƙasar tsohon ginin da azara a zube. Ya zauna, ya ɗauki wani gutsuren yaɓe mai shatin yatsun magini, ya sa nasa yatsun a ciki. Ya daɗe a haka.

Liman ya matso kusa da ni, ya rage murya ya ce, "Sani, ko fentin ne bai yi mishi ba?"