Baba Dalma, Mai Koya wa Kaset Turanci

Kafin masu shagunan sama su ɗaga ƙyaurensu, Baba Dalma ya riga ya share ɗan lungunsa na ƙarƙashin matakala, ya jona ƙarfen liƙi a wuta, ya goge tabarau da gefen riga. Shagon, in ma za a kira shi shago, teburi ne da fitila mai lanƙwasasshen wuya, da tsohuwar kwamfuta da sai ta yi tari kafin ta tashi. Sana'arsa gyaran gem ne, irin na hannu wanda ake soka wa kaset a baya. Ƙarshen watan nan zai rufe lungun, domin hannu ya fara rawa, 'yarsa kuma ta kafe a kan ya huta. Shi ya sa ya kamata a faɗi wani abu a kansa tun yana jin mu.

Yawancin kaset ɗin da ake kawo masa na gwanjo ne daga Japan. Labari ne mai tsawo a ciki, mutane na ta magana, amma duk da Japananci, mai wasa sai dai ya yi ta dannawa da ka. Wasu masu son wasannin ne, warwatse a duniya, suka zauna suka fassara su zuwa Turanci, suka zuba a intanet kyauta. Sai dai fassarar ba ta shiga kaset da ƙafarta. Sai an kwafo wasan daga kaset ɗinka, a ɗora masa ita, a juye a wani kaset da ba komai a ciki. Wannan shi ne aikin Baba.

Ba shi kaɗai ya iya ba, amma shi kaɗai ke yinsa da kunya. Akwai shafin farko inda masu fassarar ke jera laƙabinsu. Wasu masu gyara gogewa suke su dasa sunan shagonsu. Baba kuwa har sa mutum yake ya karanta shafin kafin ya miƙa masa kayansa. "Ba ka san su ba, ba su san ka ba, sun yi maka wahala," yakan ce. "Ko sunansu ka gani." In ya ga layin rubutun da ya fi ƙarfin gilashin gem ya yanke, sai ya ɗauki hoto ya tura musu da Turancinsa mai ɗingishi.

Maƙwabtansa sun fi tuna zuwan matar wani direban babbar mota. A kantin magani take aiki, ba ta taɓa riƙe gem ba. Ta kwance bakin gyale ta ajiye masa wani kaset da takardar jikinsa ta koɗe.

"Baba, na maigidana ne. Ɓarin jikinsa na hagu ya shanye. Tun da aka sallamo shi ya juya wa kowa baya, abinci ma sai an yi faɗa. Wannan abin ne abokin tafiyarsa, duk inda ya yada zango shi yake bugawa. Ya sha cewa zai kawo maka a sa masa Turanci, hanya ba ta bar shi ba."

Baba ya buɗe bayan kaset ɗin, ya auna ɗan batir ɗin ciki. Irin waɗannan tsofaffin, batir ne ke riƙe da ajiyar wasan, wato duk inda mai wasa ya kai. In ya mutu, ko aka cire shi da ganganci, komai ya goge. Na direban kuwa numfashi kawai ya rage masa.

"'Yata, ba zan ɓoye miki ba. Sai na liƙa masa wani batir a gefe kafin in kwafe ajiyar. Hannuna kuma ya fara rawa. In ƙarfen nan ya zame, shekarun mijinki sun tafi."

"Ba wani wanda zai iya?"

"Akwai. Amma sai sun cire batir ɗin sannan su tambaye ki me ya kawo ki."

Ya jima yana ɓoye rawar hannun nan, yana ɗora laifin a kan ƙafar teburi. Ranar ya aje girman kai, ya ce ta riƙe masa wuyan hannu. Ta riƙe da hannu biyu, kamar yadda ake riƙe yaro za a yi masa allura. Ya ɗiga dalma a waya ta farko, ya ɗiga a ta biyu, gumi na bin tabarau. Da ajiyar ta fito a kwamfuta sai ya jingina da bango, ya ce ta saki, ta kusa karya shi.

Aiki bai ƙare nan ba, domin fassarar ta ƙi karɓar tsohuwar ajiya. Wani mai gyaran cewa zai yi a fara daga farko. Baba ya rubuta wa masu fassarar, ya gaya musu ko na wane ne da halin da yake ciki. Wata daga cikinsu ta amsa, ta aiko da gyara. Ya gwada ya sake gwadawa, sannan ya rufe shago da la'asar ya kai kayan da kansa.

Ya tarar da direban a kujera, ya fuskanci taga, faranti a rufe a gefensa ba a taɓa ba. Baba ya gaishe shi, ya ɗora masa gem ɗin a cinya. Direban ya dubi hannunsa na hagu, ya kau da kai.

"Ɗauke," ya ce, harshe a nauyaye.

Baba ya yi kamar bai ji ba, ya juya ga matar. "Matso kujerarki. Ke riƙe hagu, shi ya riƙe dama. Sitiyari naki, totur da birki nasa."

Wasan ya buɗe daidai inda direban ya bari, a tsakiyar wani ƙauye. Matar ta tuƙa ɗan mutumin cikin gilashi a karkace, yana karo da bango, har suka zo ƙofar wani gida. Wata mace ta fito ta tare shi. Direban ya yi tsaki.

"Sarkin mita. Kullum sai ta tare ni. Rubutun ƙasa ake dannawa, ta ba da hanya."

Matar ta ce ya dakata, ta karanta rubutun tana juya masa shi: "Ƙanina, ka dawo? Duk ka rame. Shigo ka ci abinci ka huta, hanya ba za ta gudu ba." Amsa biyu ce a ƙasa. Ta sama, "To, Yaya." Ta ƙasa, "Ba ni da lokaci."

"Baban yara," ta ce, "ashe shekara da shekaru yayarka kake ce wa ba ka da lokaci?"

Ta kai kibiyar kan amsar sama, ta tsaya, don dannawa ba a ɓangarenta take ba. Direban ya daɗe yana kallon gilashin. Dariya ta zo masa da rabin baki, hawaye suka biyo ta. Ya danna. Ɗan mutumin ya shiga gida, ya ci, ya kwanta, ƙarfinsa ya cika taf. Can direban ya nuna farantin da haɓa, ya ce, "Miƙo." Baba ya lallaɓa ya sa takalmansa, ko sallama bai tsaya yi ba.

Kai ne, Baba, ba ka taɓa raina abin da wani ya ɗauka da muhimmanci ba. Mutane na wucewa suna cewa tsoho da wasan yara, ba ka tanka. Kai ne gada tsakanin waɗanda suka yi aiki kyauta a can nesa da waɗanda suka amfana a nan, kuma ba ka ci haƙƙin ko ɗaya ba. Mun gode, kuma muna jin zafin rufe lungun nan.

Masu gyara da ke tasowa, ku ɗauki halinsa: ku tambayi abin da ke cikin kaya kafin ku kwance shi, ku bar sunan mai aiki a kan aikinsa, in hannunku ya gaza ku faɗa.

Hannun direban bai dawo ba, amma yana cin abinci, yana zuwa gashin asibiti ba tare da rigima ba. Ya aiko a gaya maka har yanzu ba su kai ƙarshen wasan ba, wai matuƙiyar tasa duk wanda ta gani a hanya sai ta tsaya sun gaisa. Allah ya huta gajiya, Baba.