'Yar da Aka Binne Sau Biyu

Kakata ta haifi 'ya'ya shida, amma duk takardun gidanmu biyar suka sani. Ta farin mace ce, a hanya aka haife ta, lokacin da kakata da mijinta suka taso daga wani ƙauye na ƙasar Kano za su Makka da ƙafa. Kwana biyar ta yi a duniya, ba ta ko kai ranar suna ba. Suka binne ta a gindin wata aduwa, bakin busasshen rafi, bayan an wuce Abeshe kafin a shiga Sudan, suka ci gaba da tafiya. Kakana ya rasu ina goye. Abokan ayarinsu duk sun riga mu gidan gaskiya, wasu an binne su a maƙabartar Baƙi'a, wasu a gonakin audugar Sudan. Ya zamana mutum ɗaya ta rage wadda ta taɓa ganin fuskar yarinyar nan, wata tsohuwa mai ciwon gwiwa a hawa na biyu na gidanmu a unguwar Bani Harisa ta Madina. Kaka muke ce mata, ita kuma tana ce mini ƙawata.

Akwai kuma wata Bafalasɗiniya, ita kuwa da faɗa muka fara. Ina koyar da Larabci a makarantar 'yan mata ta unguwarmu, 'yarta tana ajina. Na gyara wa yarinyar insha'i da jan biro, washegari littafin ya dawo an bi gyarana da koren biro, an rubuta a ƙasa: "A nan yarinyar ta fi malamarta gaskiya." Ni? Na aika a kira mini uwar, na shirya mata maganganu tun daga gida. Ta zo, doguwa, abayarta duk warin taba, ta zauna, ta dubi ƙofa, sai ta shiga kwaikwayon tafiyar shugabar makarantarmu da yadda take jan hanci kafin ta yi magana. Sau ɗaya tak ta gan ta a tsakar makaranta! Na yi dariya har da hawaye, maganganun da na shirya ban san inda suka bi ba.

A sansanin 'yan gudun hijira aka haife ta. Ta yi wasan kwaikwayo a dandali a Amman da Beirut, ta yi na rediyo a Kuwait, bayan yaƙin can suka dawo Madina da mijinta, mai sayar da magani. A Madina kuwa ina mace za ta hau dandali? Sai ta koma aikin jarida. Ita ke tace shafukan mata na wata mujalla da ake bugawa a Jidda, tana aikawa ta na'urar faks da ta ɗora a kan firji don babu wani wuri a gidan. Takan tsaya a tagar kicin tana busa taba, ta ce yanzu tukwane ne 'yan kallonta, su ma ba sa tafi.

Na ƙaunaci matar nan, ba zan ɓoye ba. Ustaza nake ce mata. Kowace Alhamis bayan la'asar nakan kai mata abin da na rubuta, ta karanta da ƙarfi cikin muryar limami don in ji kunya.

"Wannan huɗuba ce," take cewa. "Wa ya ce ki yi mana wa'azi? Me kika gani da idonki? Shi za ki rubuta."

Ita ta koya mini rubutu, wannan ko a gaban alƙali ba zan musa ba.

Da ta fara zuwa gidanmu, Kaka ta sa mata 'yar Ƙudus, ko da yake ta sha faɗa mata ba ta taɓa ganin Ƙudus ba. Takan naɗe hannun riga ta ci tuwo da miyar kuka, ta kwaikwayi yadda Kaka ke dafa bango idan za ta tashi, Kaka tana jifan ta da filo tana cewa, "Ja'ira, Allah ya kai ki shekaruna mu gani." Da Larabcin Hijaz suke hira, na Kaka da gaurayen na Sudan.

Wata rana Kaka tana juya shafukan mujallar, ita da ba ta karatun boko, ta tambayi Ustaza ko abin da aka sa a nan yana gogewa.

"Ba ya gogewa, ya Hajja. Bayan shekara ɗari ma za a karanta."

Kaka ta juyo wurina da Hausa. "Ƙawata, ki rubuta labarin 'yata, 'yar Ƙudus ta buga. Ba na neman komai. A dai san shida na haifa."

Wata biyu na yi a kansa. Ina zaune a gefen katifarta, tana faɗa ina rubutawa, ta gaji mu bari. Ta faɗa mini yadda kakana ya haƙa ramin da gatari ita tana kwashe ƙasar da tasa. Ta yaga mayafinta biyu, rabi ya zama likkafani. Daga aduwar zuwa bakin rafin taku arba'in ne, ta ƙirga don ta zaci za su biyo ta nan a komawa. Nono ya yi ta zuba kwana da kwanaki yana jiƙa mata zane tana tafiya. Ba ta waiwaya ba, don ta san in ta waiwaya ta fasa tafiyar. Na tambaye ta me ya hana su komawa gida tun daga nan. Ta dube ni kamar na yi saɓo, ta ce, "Wurin Annabi fa za mu."

Ustaza ta karanta a kicin ɗinta, wannan karon da muryarta ta gaskiya. Ta yi kuka, ta sumbaci goshina, ta ce babu abin da za ta taɓa sai waƙafi biyu.

Aka yi wata huɗu. Ran wata Alhamis sai ga ta da farantin kunafa, kayan zaƙin nan nasu, da mujalla a hammata. Gidan cike yake, gwaggona biyu sun zo daga unguwar Awali da dabino, ga matan maƙwabta. A bakin ƙofa ta raɗa mini, "Na yi ɗan gyara, kada ki damu." Na miƙa hannu in karɓi mujallar, ta wuce ni. Ta tsaya a tsakiyar falo ta ce za ta karanta mana wani abu.

Tun jimlar farko na gane maganata. Amma matar da ke cikin labarin daga wani ƙauye na Falasɗinu aka koro ta, tana gudu zuwa kogin Urdun. Aduwa ta koma zaitun. Sauran duk yana nan, gatari da tasa, rabin mayafi, taku arba'in, nonon da ke jiƙa riga. Tana karantawa tana sauƙaƙa Larabcin don tsofaffi su gane, ta dafe ƙirji da tafin hannu daidai yadda Kaka ke yi, ta karya murya a daidai inda ta Kaka ke karyewa. Wallahi ban taɓa ganin gwaninta irin ta ranar ba, matan nan kowa na sharar hawaye. Na leƙa shafin. Sunanta ne a sama, a ƙasa an rubuta cewa daga bakin mahaifiyarta ta ji.

Na zuba wa Kaka ido ina jiran ta gane. Sai na ga ta dafa bango ta miƙe da ƙyar, ta je ta rungume ta.

"Allah sarki, 'yar Ƙudus! Ashe uwarki ma ta binne a hanya? Kamar tawa sak! Shi ne kina jin nawa kika yi shiru ba ki taɓa faɗa mini ba? Allah ya sa mai ceto ce."

Ta'aziyya take yi mata, ta'aziyyar 'yarta ta cikinta. Ustaza ta sunkuyar da kai ta ce amin. Gwaggonina ba su san labarin dalla-dalla ba, su ma suka bi layi suna yi mata gaisuwa.

Da aka natsa ana shan shayi, Kaka ta ce, "To tawa fa, yaushe?"

"Ta kusa, ya Hajja, in sha Allahu."

Na raka Ustaza matakala, na ja ƙofa na rufe.

"Ustaza, me kika yi mana?"

"Na ceci labarin," ta ce. "Sau biyu na aika yadda kika rubuta, sau biyu babban edita ya maido. Ya ce wa zai karanta labarin Takari masu tafiyar ƙafa? Da a kwandon shara zai ƙare. Uwa uwa ce, kabari kabari ne."

"Mu ba a kore mu ba! Da ƙafarta ta taho don son Annabi. Kin tone mata 'ya kin kai wata ƙasa kin sake binnewa, kin ba wa uwarki. Abu ɗaya ta roƙe ki."

Ta gyara mayafinta, ta dube ni sama da ƙasa. "Mu ƙasa guda aka ƙwace mana, ke kina kuka a kan shafi uku?"

Ta sauka, ina jin ƙarar takalminta har ƙasa. Sai bayan kwanaki amsar ta zo mini ina wanke-wanke, lokacin da ba ta da amfani. Da wani ne ya yi mana haka da sauƙi. Ita ce ta zaunar da ni a kicin ɗinta tana lissafa mini ƙauyukansu da aka sauya wa suna, tana kuka ina taya ta. Babu wanda ya fi ta sanin zafin a goge ka daga wurinka, kuma da saninta ta yi wa tsohuwar da ke ajiye mata ƙanzon tuwo.

Ban haƙura ba. Na sake kwafe nawa da hannu na aika wa wasu mujallu biyu. Ɗaya ba ta amsa ba. Ɗayar ta maido da 'yar takarda, wai wannan kwaikwayon wani sanannen rubutu ne da ya fito kwanan baya, ya kamata malamar makaranta ta ji kunyar satar wahalar wasu. Ni ce ɓarauniyar! Na zauna a ɗakin malamai na karanta sau uku, na ninke, na shiga aji na koyar da darasina.

Rubutun ya yi mata rana. Wasiƙun masu karatu suka yi ta zuwa, kafin shekara ta zagayo an kira ta wata ƙasa ta shugabanci mujalla sukutum. Suka tattara suka tafi, 'yarta ta zo ta yi mini sallama a makaranta, ita ba ta zo ba. Daga baya na ji tana yin labarin a dandali ita kaɗai, da baƙin mayafi da take yagawa biyu a gaban jama'a, ana tashi tsaye ana tafi.

Kaka kuwa duk farkon wata sai ta aiki ƙanena ya sayo mujallar. Ta ɗora a cinya ta juya shafi ɗaya bayan ɗaya tana neman hoton aduwa, don ta ce tunda an sa wa waccan hoton zaitun, ita ma za a sa wa tata. In ta kai ƙarshe ta ce, "Ƙawata, babu ko?" In ce layi ne da tsawo. Sau nawa na buɗe baki zan faɗa mata gaskiya! To in ce mata me? In ce an buga, kuma ba za a ƙara bugawa ba, don duniya ta riga ta san yarinyar 'yar wata ce? Na zaɓi ƙarya, na yi ta yi shekara biyu da wani abu. Wannan laifin nawa ne, ban ɗora wa kowa ba.

A makon da za ta rasu ba ta iya riƙe mujallar, ni nake juya mata. Muka kai bangon baya. Ta rufe ido, na zaci barci ya ɗauke ta, sai ta ce in na yi waya da 'yar Ƙudus in gaishe ta, kada in matsa mata, aiki ya yi mata yawa.

"Ki ce ta gaida uwarta," ta ce. "Ita kam ta dace, an san da tata."