Karafan ɗin Kawu Bala

Ina zaune a tagar gidanmu na unguwar Nuzla a Jidda da littafin soyayya a cinya, irin waɗanda alhazai ke kawo mana daga Kano, na fara ganin karafan ɗin nan. Fari fat, da labule shuɗi, ɗaki sukutum a kan tayoyi, wata tsohuwar jip na jan shi. Nan take na ga kaina a ciki, amarya, ango na tuƙi, iska na kaɗa mini mayafi. Sai ga Kawu Bala, ƙanin mahaifiyata, ya leƙo daga jip ɗin yana ihu a janye masa akuya daga hanya.

Ku da kuka san shi kun san ba ya tayar da mota sai ya buga mata tafi sau uku a goshi ya ce, "Yalla, mai tsaro na sama." Aikinsa ke nan shekara da shekaru: ran Alhamis ya kwashi iyalin Larabawa ya kai su daji su kwana kan yashi, ya dawo da su Juma'a. Jip da karafan su ne gonarsa, su ne shanunsa, ba shi da komai bayansu.

Inshora kuwa, wadda a nan muke cewa ta'min, ko sunanta ba ya son ji. "Caca ce! Ka biya, kana fatan ka yi haɗari ka ci riba?" Tasa inshorar igiya ce da shebur da alkawari tsakaninsa da direbobi huɗu: duk wanda ya maƙale, sauran su je. Rannan ɗaya daga cikinsu, Musa Ɗan Filinge, ya nutse a yashi har cikin mota, ya kira Kawu da tsakar rana.

"Tsaya," in ji Kawu. "Ka sassauta iskar tayoyi kafin ka shiga?"

"Malam Bala, rana na gasa ni!"

"Amsa mini. In ganganci ne, ba ya cikin sharaɗi."

Ya je fa. Amma sai da ya gama cin shinkafarsa, kuma Musa ya ce da ya san wa'azin da zai sha a hanya, da ya zauna a ramin.

Da hukuma ta tilasta ta'min, kafilinsa, Balaraben da iƙamarsa, wato takardar zamansa a ƙasar, ke hannunsa, ya ce masa ko takarda ko ya ajiye makulli. Aka lallashe shi da cewa akwai ta taimakon juna wadda malamai suka halatta: kowa ya zuba a asusu ɗaya da niyyar kyauta, wanda tsautsayi ya samu a biya shi daga ciki. Ni ya ja zuwa ofishinsu a Balad, don ni haifaffiyar Jidda ce, ina karanta Larabcin takarda.

Wayyo ma'aikacin nan! Saurayi ne mai dogon gashin ido, irin wanda a littafi mota ke lalace masa daidai ƙofar gidan yarinya. Kawu ya tsare shi tun hantsi har azahar.

"Ina kuke juya kuɗin? Ba bankin ruwa? Rantse. In shekara ta ƙare da saura a asusun, na wa ne? Malamanku nawa? Suna da gemu?"

Bawan Allah ya amsa duka, gumi na zubo masa. A ƙarshe ya ce, "Ya Hajj, wannan takardar a kan kwalta kawai take aiki. Tunda aikinka a yashi ne, akwai ƙarin da ake biya na asusun yashi."

"Su wa ke cikin asusun yashin?"

"Masu jip, ya Hajj."

"Yaran nan masu tsalle da mota a kan tudu suna ɗaga hannu? Ni Bala in yi musu sadaka? Halas, magana ta ƙare! A kwalta ne wawaye ke bugun mutum. A yashi daga ni sai Ubangijina."

Ya juyo gare ni. "Hindatu, ke me kika gani?"

Ni da na riga na kai babi na tara da ma'aikacin, har mun raɗa wa 'yarmu ta fari suna, na ce, "Yadda ka ce, Kawu." Allah Ya yafe mini.

Ba a rufa shekara biyu ba, ƙarfen da ke haɗa jip da karafan, wanda shi da kansa ya yi wa walda don kada ya biya makaniki, ya ɓalle a ƙoƙon wani tudu. Ba kowa a ciki, alhamdu lillahi. Karafan ya gangara, ya yi adungure uku, ya kwanta kamar gwangwanin da aka taka. Daga nan zuwa titi bai fi tafiyar minti goma ba.

Direbobin huɗu suka iso. Musa ne ya ba ni labarin, kuma har yau in ya fara sai ya dafe ƙugu. Shi ya kawo shawara: a ja shi zuwa bakin kwalta, a ce a nan ya ɓalle, don ta'min ya biya. Kawu bai ce a'a ba. Shi ne ma ya ɗaure igiyar. Suka wuni suna ja, suna haƙa, suna cusa katako ƙarƙashin taya, sai bayan la'asar suka dire shi a gefen titi. Musa ya miƙa masa waya ya kira kamfani.

Kawu ya riƙe ta, bai kira ba.

"Musa, wa zai biya?"

"Kamfani mana."

"Ba kamfani ba. Asusun mutane. Akwai kuɗin mai tasi a ciki, akwai na bazawara. Ku mayar da shi."

"Mu mayar da me?"

"Inda ya faɗi."

"La ilaha illallah! To kada ka kira su! Bar shi nan, ungulu ta yi gida!"

"A'a. Na san kaina. In ya kwana a bakin titin nan, gobe da safe zan kira."

Suka mayar da shi. Musa ya ce tun da uwarsa ta haife shi bai taɓa zagin mutum da Zabarmanci da Faransanci da Larabci a numfashi ɗaya ba sai ranar, Kawu kuwa yana gaba yana gyara musu yadda ake riƙe igiya.

Jip ba karafan ba ta ciyar da gida. Ya sayar da ita, ya koma gadin wani bene a Waziriyya, a kan kujerar roba, yana wanke motocin masu gida yana gaya musu kurakuran tuƙinsu. A can ciwo ya same shi, a can ya cika, bai taɓa cewa ya yi nadama ba, sai dai waldar.

Ya Allah, ga bawanka Bala, mai taurin kai, mai tsoron haƙƙin mutanen da bai taɓa gani ba. Ka yalwata masa kabarinsa, Ka sassauta masa tambaya fiye da yadda ya sassauta wa kowa. Amin.